Malamin EPS da Zuciyar Ɗalibi: Tambayoyi da Amsoshi ga Iyaye da Ɗalibai a Damagaram

A kwalejoji da lise-lise na Damagaram babu darasin da iyaye suka raina kamar na motsa jiki, wanda kowa ya sani da EPS, kuma babu wanda yara da yawa suke ɗokin ranarsa kamarsa. Akwai kuma wasu yaran, ba kaɗan ba, da gabansu ke faɗuwa tun daren ranar. Saboda su aka yi wannan rubutu, su da iyayensu, da malamin da ke tsaye cikin rana da usur a wuya. Tambayoyin irin waɗanda ake ji ne a taron iyayen yara da bakin ƙofar makaranta.

Mene ne aikin malamin EPS? Ba jefa wa yara balo yake yi ya koma inuwa ba?

Akwai masu yin haka, kuma su suka ja wa sauran baƙin jini. Amma aikin da aka ɗauke shi ya yi ya fi ƙarfin haka. Yana da manhaja kamar yadda malamin lissafi yake da ita: gudun gajeren zango da na dogon zango, tsallen nisa da tsallen sama, jifan dalma, da wasannin ƙungiya irin su ƙwallon ƙafa, ƙwallon hannu, ƙwallon raga da ƙwallon kwando. Yana koyarwa, yana aunawa, yana ba da makin da ke shiga sakamakon ɗalibi. Tun 1978 hukumar UNESCO ta fitar da wata yarjejeniya, ta kuma sabunta ta a 2015, wadda ta ce ilimin motsa jiki da wasanni haƙƙi ne na kowane ɗan Adam.

Abin da ya bambanta shi da sauran malamai shi ne wurin aikinsa. A cikin aji yaro yana iya ɓuya. Ya zauna a bencin baya, ya sunkuyar da kai, shekara ta ƙare ba a san muryarsa ba. A fili kuwa babu maɓoya. Malami zai ga wanda bai karya kumallo ba, da wanda ke ɗingishi yana ɓoyewa, da wanda ƴan ajin ba sa so ya faɗo ƙungiyarsu, da yarinyar da ta maƙale a bayan ƙawarta don kunya. Yaro ma ya san ana ganinsa. Shi ya sa kalma ɗaya daga bakin wannan malami, a gaban dukan aji, take iya ɗaga yaro ko ta karya shi fiye da jan biro a takarda.

Malam, ɗana da ƙafa yake zuwa lakwal, ya ɗebo ruwa, da damina ya je gona. Wane motsa jiki ya rage masa?

Baba, maganarka tana kan hanya. Yaron da ya tura baro cike da jarkoki daga famfo zuwa gida ya motsa jiki, babu musu. Hukumar Lafiya ta Duniya tana son kowane yaro daga shekara 5 zuwa 17 ya samu aƙalla minti 60 a rana na motsin da ke sa numfashi ya ƙaru, kuma ɗanka wataƙila ya wuce nan. Sai dai ba duk yaran gari ne haka ba. Wani binciken hukumar da aka fitar a 2019, wanda ya shafi ɗalibai miliyan 1.6 a ƙasashe 146, ya nuna kashi 81 cikin 100 na masu shekara 11 zuwa 17 ba sa cika wannan sa'a guda. Cikin ƴan mata kashi 85 ne, cikin samari 78. A garin nan ma akwai yaron da kabu-kabu ke sauke shi a ƙofar makaranta, ya koma gida ya kwanta da waya har magariba.

Shi kuwa ɗanka, aiki ya ba shi juriya, amma aiki bai koya masa yadda ake ɗumama jiki kafin gudu ba, ko yadda ake dira daga tsalle ba tare da gwiwa ta ji ba, ko yadda ake ɗaga kaya mai nauyi da ƙafafu a bar ƙugu ya huta. Bai koya masa ya miƙa wa ɗan'uwansa balo alhali shi ma yana iya bugawa ba, ko ya sha kaye ya miƙa hannu a gaisa. Irin wannan yaro, malami mai hankali ba ya ƙara masa gajiya. Dabara yake ba shi, da sa'a ɗaya a mako wadda jikinsa zai yi wani abu don jin daɗi, ba don an aike shi ba.

To ta yaya malami ke sa yaro ya so abin da ba ya so?

Nan ne gaba ɗaya maganar take. Wasu masana halayyar ɗan Adam guda biyu daga Amurka, Edward Deci da Richard Ryan, sun daɗe suna nazarin abin da ke sa mutum ya yi abu da zuciya ɗaya, suka ce abu uku ne: ya ji yana iyawa, ya ji yana da ta cewa, ya ji shi ma ɗan gida ne a cikin mutanen da yake tare da su. Duk wanda ya daɗe a fili zai ce ya riga ya ga haka da idonsa.

Na farkon ya fi wuya, domin a aji mai yara da yawa mutum ɗaya ne kawai zai zo na ɗaya. In malami ya ce nasara ita ce a wuce kowa, to ya gaya wa sauran duka cewa sun faɗi tun kafin a hura usur. Mafita ita ce a auna kowane yaro da kansa. A ɗauki tsallen nisa. An haƙa rami an zuba yashi mai laushi, an ja layin tashi da toka, malami yana tsugune da igiyar awo da kaye, wato littafin rubutu, a cinyarsa. A ce wani ɗan siririn yaro ya yi mita 2 da santimita 80 a watan Nuwamba, aji ya kwashe da dariya saboda ya dira da gindi. Malami bai yi dariya ba. Ya rubuta adadin, ya kira shi gefe ya ce: "Yarona, kana kallon ƙasa ne lokacin tashi. Kalli bangon can, ka ɗaga gwiwa." A Janairu yaron ya yi mita 3 da santimita 10. Har yanzu yana cikin na baya a ajin. Amma malami ya buɗe kaye ya ɗora yatsa a kan lambobin biyu, ya ce masa ya karanta da kansa. Yaron nan zai je gida da labari, kuma mako mai zuwa shi zai riga kowa zuwa gyara yashin ramin.

Yabo ma yana da yadda ake yinsa. "Madalla" da ake watsa wa kowa ba ta kama zuciya. "Na ga yau ba ka tsaya ba a zagaye na uku" tana kamawa, domin ta nuna an lura da shi, kuma abin da aka yaba abu ne da yake hannunsa, zai iya sakewa gobe. Tsawo da ƙirar jiki kyautar Allah ce, yabon yaro a kansu bai ƙara masa komai ba, sai dai ya kashe gwiwar na kusa da shi.

Ta cewa kuwa ba ta da tsada. A bar aji ya zaɓi wasan da za a rufe darasi da shi, a ba wani jagorancin ɗumama jiki, wata ta riƙe agogo, wani ya yi alƙalanci. Yaron da aka miƙa wa usur na minti goma ya ɗanɗana wahalar yanke hukunci, zai rage gardama da alƙali.

Ɗana kullum shi ne na ƙarshe, har an laƙaba masa suna. Yanzu ranar EPS sai ya ce cikinsa ke ciwo.

Wannan yaro shi ne ma'aunin malami. Mai gudu kamar barewa zai yi gudunsa ko da malami ko babu. Na bayan layi shi ne wanda in an sake shi zai bar fili, kuma ya girma yana ƙin duk abin da ya shafi motsa jiki har ranar da likita zai ce masa hawan jini ko ciwon suga ya kama shi.

Akwai wata al'ada da ya kamata a binne ta: a fitar da gwanaye biyu a ce su zaɓi ƴan ƙungiyarsu ɗaya bayan ɗaya. Ana zaɓa, layi yana raguwa, har a bar yaro ɗaya tsaye kowa yana cewa "ku ɗauke shi, mu ba ma so". Minti biyu ne, amma yaro yana iya riƙe su har ya yi furfura. Malami ya raba ƙungiya da kansa, ko da ƙidaya, ya riƙa sauya su. Sunan tsokana kuma, mai ƙiba ne ko gajere ko mai in'ina, malami ya tsawatar tun ranar farko, kuma kada ya taɓa fita daga bakinsa ko da wasa, domin abin da malami ya faɗa sau ɗaya aji zai maimaita shi shekara guda.

Ke kuma Inna, ki je ki same shi ku yi magana a keɓe, ba a gaban yara ba. Sau da yawa malamin bai san abin ya kai haka ba.

Yaro ya makara ko ya yi surutu, an sa shi zagaya fili ko tsallen kwaɗo. Laifi ne?

Laifi ne, kuma malamin kansa ya cuta. Ba za ka shafe shekara kana gaya wa yaro gudu lafiya ne, sannan ka mayar da gudun bulala, ka yi tsammanin zai so shi ba. Tsallen kwaɗo mai yawa a kan ƙasa mai tauri kuma yana wahalar da gwiwa, balle a ce rana ta take. Horon da ya dace da fili shi ne wanda ya yi laifi ya zauna a gefe minti biyar yana kallon ƴan'uwansa suna wasa, ko ya tattara kaya bayan an tashi. Yaron da aka hana wasa ya ji zafi ya riga ya koyi cewa wasan abu ne mai daraja.

Jarrabawa tana tafe. Ba gara a ba lissafi da Faransanci wannan lokacin ba?

EPS ma yana cikin jarrabawa. Ƴan ajin ƙarshe na kwaleji suna yin gwajin motsa jiki na BEPC, jarrabawar kammala kwaleji, kafin a shiga rubutu, haka masu neman Bak, ta kammala lise, kuma makin yana da amfani ga wanda ke bakin gaɓa. Ban da wannan, jagorar Hukumar Lafiya ta Duniya ta 2020 ta lissafa ingantuwar karatu da tattara hankali da raguwar alamun ƙuncin zuciya cikin amfanin motsa jiki ga yara. Jini yana ƙara zagayawa, barci yana gyaruwa, kuma yaron da ya yi barci mai kyau ya fi riƙe abin da ya karanta. A watannin da ɗalibi ke kwana a gindin fitila yana hadda, nan ne ma ya fi buƙatar ya fita ya yi gumi.

Akwai kuma yaron da lissafi ya gagare shi, Faransanci ya gagare shi, kullum sunansa a ƙasan takarda. Fili ne kaɗai wurin da ake kiran sunansa da yabo. Ka cire masa wannan, ka yanke igiyar ƙarshe da ta ɗaure shi da makaranta. Malami nagari yana amfani da wannan igiya: "In kana son ka buga wa makaranta wasa, ina son in ga ba ka fashin aji."

Malam, ɗiyata ta girma. Ba na son ta riƙa tsalle-tsalle a gaban maza.

Damuwarka ta uba ce, kuma malamin da ya yi mata dariya bai san garin da yake aiki ba. Amma kafin a hana ta, a duba me ya kamata a gyara, domin yawancinsa gyaruwa yake yi.

Tufafi na farko. Dogon wando mai faɗi, riga mai sauka har gwiwa, da ɗan madaidaicin hijabi marar allura wanda ba ya harɗe ƙafa, sun isa a yi kowane gudu da tsalle. Hatta a manyan gasannin duniya an wuce wannan gardama: tun 2014 dokokin ƙwallon ƙafa suka amince da rufe kai, hukumar ƙwallon kwando ta duniya ta bi sahu a 2017. Sai wuri. Makarantar da ba ta da katanga, samari na tsaye a bakin hanya suna kallo, babu yarinyar da za ta saki jiki a nan. Malami ya ja ƴan mata zuwa ɓangaren da ajujuwa suka kare, ya raba su da maza a wasannin da ake haɗa jiki, ya kori ƴan kallo. In zai gyara wa yarinya tsayuwa, ya yi da baki, ko ya sa ƙawarta ta nuna mata. Hannunsa ba shi da abin yi a jikinta. Ranar da take al'ada kuma, kalma ɗaya a keɓe ta isa, ba sai an tsare ta da tambaya a gaban aji ba. In tana jin ƙarfi ta yi abin da za ta iya, motsi marar tsanani ma yakan rage ciwon mara. In ba ta ji, ta riƙe kaye ko agogo.

Maganar da ake yaɗawa cewa gudu da tsalle suna hana mace haihuwa ba ta da tushe. Akasin haka ma, shekarun nan na tasowa su ne lokacin da ƙashi ke tara ƙarfinsa, kuma tsalle da gudu suna taimaka masa. Kakanninmu mata sun yi gaɗa a dandali, sun yi daka, sun yi tsallen igiya. Yarinyar yau da aka zaunar tsakanin benci da ɗaki ita ce aka tauye. Gaskiya ne malamai mata ba su da yawa a wannan fanni, kuma inda aka samu Madam a fili iyaye sun fi sakin jiki. Ba za a same su ba sai in an bar ƴan matan yau sun so abin har wasu su zaɓe shi ya zama aikinsu.

Addini bai hana ba?

Bai hana ba. Imamu Muslim ya ruwaito cewa mumini mai ƙarfi ya fi alheri kuma ya fi soyuwa ga Allah a kan mumini mai rauni, kuma kowannensu da alherinsa. Abu Dawuda ya ruwaito cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tseren gudu da Nana A'isha, Allah ya ƙara mata yarda. Abin kiyayewa shi ne sutura, lokacin salla, da kauce wa caca da zagi. Malamin da ya tsayar da atisayen yamma ya ce a je a yi la'asar ya sami amincewar iyaye fiye da wanda ya yi dogon jawabi.

Zafin Afrilu da Mayu fa, da ƙurar hunturu, da azumi?

A watannin bazara zafi yana haura digiri 40 a nan, kuma babu makin da ya kai ran yaro. Tun farkon shekara, a Oktoba, malami ya nemi darekta ya sa EPS a sa'o'in farko na safe. In zafi ya tsananta a rage tsawon gudu, a yawaita hutu a inuwa, a mayar da dogon zango watannin sanyi. Ruwa dole ne, kuma kowa ya san abin da ruwa yake nufi a garin da ke jiran ruwan famfon da ake turo masa daga Gogo, Machaya, Arunguza da Ganaram. Duk da haka kada a fita fili babu jarka ko da ɗaya a gindin bishiya, kowane yaro kuma ya zo da gorarsa. Yaron da ya ce yana jin jiri, ko ciwon kai, ko tashin zuciya, a kai shi inuwa nan take, a sassauta masa tufafi, a jiƙa masa jiki. In ya fara rikicewa ko sambatu ko ya suma, asibiti kai tsaye.

Ranar da hazo ya rufe gari har ba a hango duwatsun Birni sosai, a bar gudu mai tsanani. Da azumi a koma miƙe jiki, koyon dokoki, da dabarun da ba sa jawo ƙishirwa.

Yarona yana da amosanin jini. Wani kuma fuka. A karɓo musu takardar likita su huta gaba ɗaya?

Likita ne zai faɗi abin da za su iya da wanda ba za su iya ba, kuma takardarsa ake bi. Abin da ya wajaba a kan iyaye shi ne su gaya wa malami tun ranar farko. Ɓoyewa don kunya shi ne haɗarin. Mai amosanin jini, wanda wasu ke kira sikila, ƙishirwa da gajiya mai tsanani da sanyi suna iya tayar masa da ciwo, don haka ba a sa shi tseren ƙure ƙarfi, ana ba shi ruwa da hutu duk sanda ya nema ba tare da an ce ragwanci ne ba. Mai fuka ya riƙe maganin shaƙarsa a aljihu, ya ɗumama jiki a hankali, ya kauce wa ƙura.

Amma a zaunar da yaro a kan dutse shekara guda yana gadin jakunkunan ƴan ajinsu, wannan ma cuta ce. Shi da mai gurguwar ƙafa da wanda ba ya gani sosai, kowannensu akwai abin da zai iya: jifa, miƙe jiki, tsaron raga, alƙalanci, rubuta sakamako. Ya ji ana kiran sunansa cikin aji, shi ne abin nema.

Makarantarmu ba ta da balo mai kyau, ba ta da fili, wasu ajujuwan ma na zana ne. Me malami zai yi?

Rashin kaya gaskiya ne, kuma haƙƙi ne a kan hukuma da kwamitin makaranta su nemo. Kafin su zo, toka tana ja layi, tsofaffin tayoyi suna zama shinge, sanda biyu da roba suna zama tsallen sama, dutse mai santsi da aka auna a sikelin mai shago yana zama dalma. Yara ma in an ce su haɗo kayan da hannunsu sun fi kula da su.

Kuma muna da abin da ba sai an sayo ba. Langa ba ta buƙatar komai sai ƙasa: yaro ya riƙe ƙafa ɗaya ta baya ya yi ta tsalle da ɗayar, yana ture yana kaucewa, ga ƙarfin cinya, ga daidaita jiki, ga dabarar ƙungiya. Kokowa kuwa ita ce sarauniyar wasanni a ƙasar nan. Tun 1975 aka fara gasar ƙasa a Tawa, yau jihohi takwas ke karawa don neman takobi, kyautar zakaran gasar, kuma filin kokowar garin nan yana ɗauke da sunan Langa-Langa. Lokacin gasar, yaron da ba ya sauraron kowa yana manne da rediyo. Malamin da ya kawo kokowa fili, a kan yashi mai laushi, ya haɗa yara daidai nauyinsu, ya koya musu faɗuwa kafin kayarwa, zai ga yaron ƙauye da ke jin kunyar Faransancinsa ya zama shi ake tambaya. Ba ƙaramin abu ba ne yaro daga Mirya ko Magarya ko Tanut ya gane cewa abin da ya taso da shi yana da kujera a makaranta.

Malamin EPS zai iya mayar da ɗana zakara kamar Alfaga?

Zai iya gano shi, ya nuna masa ƙofa. Abdoul Razak Issoufou Alfaga ya ciyo wa Nijar azurfa a tekwando a wasannin Olamfik na Riyo a 2016, ya zama zakaran duniya a Koriya ta Kudu a 2017. Kafin shi, Issaka Daboré ne ya ciyo tagulla a dambe a Munik a 1972. Shekara 44 ke nan tsakanin lambobin biyu. Mena, ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta ƙasar Nijar, ta je gasar cin kofin Afirka a 2012 da 2013, kuma yara da dama sun fara mafarki daga nan. Mafarkin yana da kyau, malami ya yi amfani da shi, ya tura mai baiwa ƙungiya irin Espoir, ta ƙwallon ƙafa ta garin nan, ko wurin mai horarwa na gaskiya. Amma ya gaya masa gaskiya, shi da iyayensa: masu cin abinci da wasa kaɗan ne, rauni ɗaya yana iya rufe ƙofar, don haka karatu ba abin saki ba ne. A yi hattara kuma da masu karɓar kuɗin iyaye da alkawarin kai yaro Turai.

Malamin da ya tattara hankalinsa kan yara biyar masu ciyo kofi ya bar sauran suna hamma a gindin bishiya, ya zama mai horar da ƙungiya, ya ajiye aikin da aka ba shi.

Ana cewa wasanni na hana yara shiga pale, wato ƙungiyoyin samarin unguwa masu tayar da fitina, da shaye-shaye. Gaskiya ne?

Da gaskiya a ciki, amma kada a ɗora wa malami abin da ya fi ƙarfinsa. Ba shi ke ba da aikin yi ba. Sai dai duk wanda ya taɓa tsayawa ya kalli samarin nan suna ɗaga ƙarfen mota da aka liƙa wa siminti a gwangwani biyu, ya ga yadda suke ƙirga wa juna, suke kirari, ya san abin da suka je nema: a san da su, a ji ƙarfinsu, su samu ƴan'uwa. Abubuwan nan uku su ne dai waɗanda muka ambata a sama. Yaro ɗan shekara goma sha uku zai same su a wani wuri ko ta halin ƙaƙa. In ya same su a filin makaranta, a hannun babban da yake girmamawa, jan da waje ke yi masa yana raguwa.

Malamin EPS kuma shi ya fi kowa damar yin maganar tramol, domin da sunan ƙarin ƙarfi ake fara ba yaro. Maganin kashe zafin ciwo ne mai kama jiki, yana sa mutum ya kasa rabuwa da shi, yawansa yana jawo farfaɗiya da tsayawar numfashi. In mai ƙirar ƙarfi da yara ke sha'awa ya ce musu ƙarfinsa daga tuwo da barci da atisaye yake, sun fi ji.

Su wa ke koyar da shi a firamare, kuma ina ake horar da malaman?

A firamare, daga CI zuwa CM2, wato aji ɗaya zuwa aji shida, malamin aji ne ke yin komai, har da fitar da yara fili. Malami na musamman sai a kwaleji da lise. Cibiyar INJS da ke Yamai ita ce aka sani da horar da malaman wasanni da jami'an matasa.

Mu iyaye me za mu yi? In kuma malamin ne matsalar fa?

Ranar EPS a tabbata yaro ya sa wani abu a ciki, ko kunu ne da ƙosai, ya tafi da ruwa da takalmin da ba zai zame ba. In ya dawo, kamar yadda ake tambayarsa makin lissafi, a tambaye shi nawa ya yi a tsalle, nawa ya yi wancan karon. A taron COGES, wato kwamitin makaranta, da na ƙungiyar iyayen yara a sa maganar balo, igiya, randar ruwa da dashen bishiyoyi a gefen fili cikin abin da za a kashe wa kuɗi. Iyaye mata na ƙungiyar AME su riƙa leƙa fili lokaci-lokaci, ganinsu kaɗai yana sa ƴan mata su saki jiki.

In malami yana zagi, ko yana horo da rana, ko ba ya zuwa, a fara samunsa da mutunci a ji ta bakinsa, domin wani ɗan kwantiragi ne da ke rarraba kansa tsakanin ajujuwa masu yawa. In bai gyara ba, a je wurin darekta, sannan kwamitin makaranta. Amma in yarinya ko yaro ya ce an taɓa shi inda bai dace ba, ko ana kiransa shi kaɗai bayan an tashi, wannan ba a jira a ga gyara. A saurari yaron, kada a tsawata masa, a je wurin darekta a ranar tare da wani babba daga cikin iyaye, in ba a ɗauki mataki ba a wuce ofishin masu duba makarantu ko wurin hukuma.